Ranar da na riƙe hannun rigar Nuhu

Inna lillahi wa inna ilaihi raji'un. Labarin ya same ni da safen nan, ina dawowa daga masallaci: Allah Ya yi wa Dakta Nuhu rasuwa a Birmingham. Ƙanin matarsa ya ce ciwon zuciya ne. Jiya ma ya fita aiki.

Har yanzu ban iya karyawa ba.

Ban yi niyyar rubutu yau ba. Amma da na sanar da jama'armu ta Manchester, wani bawan Allah ya kira ni ya ce, "Malam, ba shi ne mai gumakan nan ba?" Wannan suna kuwa daga bakina ya fito, kuma ga shi mai sunan ya tafi, sunan yana nan yana yawo.

Nuhu ya zo Manchester yana ɗalibi. Ranar da aka kawo shi gaishe ni na tambaye shi me yake karantawa a jami'ar da ke Oxford Road. Ya ce tarihin zane da sassaƙar Turawa na farkon ƙarnin da ya wuce.

Na ce, "Yaro, an ba ka tallafin karatu ka ƙetaro teku ka karanta gumaka?"

Ya yi murmushi ya ce, "Baba, wata rana zan nuna maka."

Na ce Allah Ya kiyashe ni.

Bayan 'yan watanni aka yi taron suna a wani ɗakin taro da muka kama a Old Trafford. Azahar ta yi, samari suka tura shi gaba, don mahaddaci ne, kowa ya san karatunsa. Ni kuwa na miƙa hannu na riƙe hannun rigarsa, na ce da ƙarfi mai gumaka ba ya yi mana limanci. Ya ja da baya. Ya yi sallarsa a bayana.

A makon nan iyaye da dama suka cire 'ya'yansu daga karatun Alƙur'anin da yake yi musu ranar Asabar.

Me ya saka mini da shi? Lokacin da aka yi mini aikin ido, shi ya riƙa kai ni asibiti yana dawo da ni. Wasiƙun likita da na ƙaramar hukuma, waɗanda ba na iya gani, shi yake karanta mini. Idan ya je gida ya dawo, sai ya kawo mini zuma, ya ce ta Baba ce shi kaɗai, kada maiɗakina Hajiya ta saka a shayin baƙi.

Ko sau ɗaya bai tayar da maganar ba. Ni ma girman kai ya hana ni.

Da ya gama karatu ya koma unguwar Sparkhill a Birmingham, ya sami aiki a wani gidan adana zane-zane, yana yi wa masu ziyara bayani. Da gwamnati ta tsuke bakin aljihu aka mai da aikin kwana biyu a mako, sai ya kama tuƙin tasi. Dakta guda. Na yi masa jaje, ya ce, "Baba, ai riba na ci. Da mutum goma nake wa bayani suna hamma, yanzu ɗaya nake kamawa a mota, ba shi da hanyar gudu."

Makonni uku da suka wuce na je Birmingham ta'aziyya. Ya ɗauke ni daga tasha. A hanya ya ce, "Baba, fatawa nake nema, amma sai ka ga abin da idonka." Wanda ya zo da tambaya ba a kore shi. Na bi shi.

Ya kai ni wani ɗaki a gidan adana zane-zanen da yake aiki, ya tsayar da ni gaban wani dunƙulen dutse mai kusurwoyi, tsayinsa ya kai ƙirjina. Ya ce, "Kai ka karantar da mu cewa abin da malamanmu suka hana shi ne surar mai rai, mai inuwa, wadda gaɓoɓinta suka cika. Idan an rage mata abin da ba za ta rayu sai da shi ba, hukuncin ya sauka. To Baba, wannan zai rayu?"

Na zagaya dutsen sau biyu ina neman kansa.

Na ce, "Ina kan?"

Ya ce, "Shekara shida ina nema."

Dariya ta ƙwace mini har wata Baturiya mai gadin ɗakin ta waiwayo.

Daga nan ya shiga bayani, muryarsa ƙasa-ƙasa kamar mai bita. Ya ce kimanin shekara ɗari da suka wuce wasu samarin masu zane da sassaƙa suka gaji da kwaikwayon abin da ido yake gani, tunda na'urar ɗaukar hoto ta zo ta fi su iyawa. Wasu suka farfasa fuska, suka nuna gabanta da gefenta a lokaci ɗaya. Wasu sassaƙar da aka kwaso daga ƙasashenmu na Afirka ce ta buɗe musu ido. Wasu kuma suka bar sura gaba ɗaya, sai launi da layi. Jama'arsu suka yi musu dariya, aka kira su mahaukata.

Ya nuna mini wani allo, ja da baƙi da fari, babu mutum babu tsuntsu. Ya ce, "Baba, cire hularka ka duba." Na cire. Ya ce, "Wanda ya ɗinka wannan bai san an yi rigima a Turai kafin a iso inda yake ba."

Kada wani ya ce Malam ya halatta gumaka. A ginin nan akwai ɗakunan da hukuncinsu a wurina yana nan yadda yake, shi ma bai kai ni can ba. Nuhu kuwa bai taɓa sassaƙa ko ɗan tsako ba. Aikinsa bayani ne. Abin da na gane shi ne, shekara talatin ina karantar da cewa ba a yanke hukunci a kan abu sai an san hakikaninsa, sannan na yanke wa mutum hukunci a bainar jama'a ban taɓa tambayarsa me yake yi ba.

A mota na ce masa, "Nuhu, na zalunce ka."

Ya ce, "Haba Baba. Tun kafin a yi sallama a sallar nan na yafe."

Na ce laifin da aka yi a gaban jama'a, a gabansu ake warware shi. Ya ce, "To ka bari sai Sallah, mutane sun fi taruwa. Ni ma in ɗinka sabuwar riga mai ƙarfin hannu."

Na yarda na jira. Wannan shi ne kuskurena na biyu.

Saboda haka, ku da kuka halarci taron sunan nan, da ku da kuka ji a bakin wasu, da ku da kuka cire 'ya'yanku a kan maganata, ku shaida: na yi kuskure, na janye abin da na faɗa. Nuhu ya cancanci limanci a ranar, kuma ya fi wanda ya hana shi haƙuri da tsoron Allah. Ya bar mata da 'ya'ya uku. Kada ɗayansu ya sake jin wannan suna a bakin kowa. Duk wanda ya faɗa daga yau, ba da yawuna ba.

Za a yi jana'iza gobe bayan azahar a Birmingham. Masu mota su ɗauki marasa mota. Ina roƙonku don Allah, mu cika sahu.

Ya Allah, Ka gafarta wa bawanKa Nuhu, Ka yalwata kabarinsa, Ka sa Alƙur'anin da ya haddace ya cece shi, Ka zama gatan iyalinsa. Ni kuma Ka yafe mini abin da harshena ya jawo masa.

Wanda ya karanta wannan, ya tsaya ya yi masa addu'a da sunansa na gaskiya.