Kashin Jemage a Teburin Adda

Taubashina ne ya kawo mana wasan nan daga jami'a a Ngaundare. Tare muka tashi, kuma Allah ya sani ina ƙaunarsa, amma har gobe in na tuna abin da ya jawo a unguwarmu ta Pumpumre a Garwa sai zuciyata ta tashi.

Wani ƙaton littafi ne na Faransanci ya zo da shi, da 'ya'yan lido masu fuskoki barkatai. Kowa zai ɗauki mutum ɗaya na ƙage, wannan mayaƙi, wancan ɓarawo, wani mai sihiri. Shi taubashin nawa shi ne jagora. Zai ce, kun shiga kogo, ga dodo ya tare hanya, me za ku yi? Kai kuma ka faɗi abin da mutuminka zai yi, ka jefa ɗan lido a ga ko ka dace. Tatsuniyar manya ce kawai. Ni da farko raina ta na yi, kafin wata ya zagayo na zama mai riga kowa zuwa.

Wurin zama ne ya ba mu wuya. Gidajenmu cike suke da yara da iyaye, ba wanda zai bar ƙarti suna ihun dodo a tsakar gida. Sai Adda ta ce mu zo rumfarta. Ba uwarmu ɗaya ba, girmamawa ce ta sa duk kartiye, unguwar gaba ɗaya, ke kiranta Adda, wato babbar yaya. Kirista ce daga duwatsun wajen Mokolo, tana sayar da tuwo da miyar folere, wato yakuwa, da kifi a bakin titi. Yawancin masu cin abincinta Musulmi ne, 'yan moto masu acaɓa da masu ɗinki da malaman lekol, wato makarantar boko. Ba a rana ɗaya ta samu wannan yarda ba. Namanta daga hannun mahaucin unguwa take saye kowa na gani, tukwanenta kuwa kana iya duba fuskarka a jikinsu. Ran Lahadi ba ta girki. In ta dawo coci sai ta share mana babban teburin da ake cin abinci a kai, ta zauna tana kallonmu. Ba a jima ba ta ce ita ma a ba ta mutum, aka ba ta mai sihiri. Ta fi mu duka iya wasan, ga dariya har da hawaye.

A dokar littafin, mai sihiri ba ya yin komai sai da abu uku: kalmomin da zai furta, motsin da zai yi da hannu, da wani abin da zai riƙe. In yana son ya tashi sama, gashin tsuntsu. In yana son ya sa abokan gaba barci, ɗan yashi. Na karanta shafin da idona, ina jin Faransanci daidai gwargwado. Mutumin ƙagen ne ake nufin yana da waɗannan kaya a jakarsa ta ƙage. Kai mai wasa faɗa kawai za ka yi.

Taubashina ya ce wannan lalaci ne.

"Hamma," ya ce mini, don haka ake kiran wa a wajenmu, "waɗanda suka rubuta littafin nan ba su da jemage a ƙofar gida. Mu muna da shi. Duk mai son sihiri ya kawo kayansa na gaske ya ajiye a kan tebur, ya miƙe tsaye ya faɗi kalmomin da ƙarfi. In babu, babu sihiri."

Na ce masa wannan ƙazanta ce yake nema. Aka yi mini dariya, aka ce dama ni ko ƙuda ya sauka a kofina sai na zubar da shayin. Gaskiya ne, kuma ban ga laifina ba.

Da farko abin da sauƙi. Gashin zabuwa, guntun kyandir, ɗan yashi daga bakin Binuwai. Amma a wasan nan, duk sa'ad da mai sihiri ya ƙara ƙarfi, kayan da ake nema sai su ƙara muni. Aka kai ga wutsiyar ƙadangare. Aka kai ga idon kifi, da saɓar maciji, da gashin baƙin bunsuru. Ranar da aka zo kan kashin jemage, taubashina da kansa ya je ƙarƙashin manyan itatuwan da suke kwana ya kankaro shi da murfin gwangwani. Ya shigo yana washe baki, ya juye shi a kan tebur. Wani wari mai tsami ya bugi hancina har cikin kai. Na tashi na fita ina kakarin amai, su kuwa suna tafi.

Don kada a riƙa wahalar nema kowane mako, sai ya ce a tara kayan wuri ɗaya. Adda ta ba da wata tsohuwar tukunya da ta huje, aka zuba komai a ciki aka rufe, aka tura ƙarƙashin benci. Lokacin bazara ne, kuma wanda ya san zafin Garwa ya san abin da zai sami idon kifi a rufaffiyar tukunya. Duk Lahadi in aka ɗaga murfin nan sai ƙudaje su zo gaisuwa. Na roƙe su a zubar. Adda ta ce, "Ƙanena, bari mu gama da dodon nan tukuna, ai ina wanke teburin da sabulu." Tana wankewa kuwa, har sau biyu. Ita dai wasan ya shiga ranta, shi ne kaɗai abin da take yi wa kanta a duk mako.

Wata Lahadi da la'asar aka kai wurin da labarin ya yi zafi. Dodo ya kusa cinye mu, sai sihirin Adda ne kaɗai zai cece mu. Taubashina ya ce ta yi shi yadda doka ta ce. Ta miƙe, ga tukunya a buɗe a gabanta, wutsiyar ƙadangare a hannun hagu, tana zagaya hannun dama a sama, tana rera wasu kalmomin da ba na kowane yare ba. Daidai nan wani ɗan moto, wanda kullum a wurinta yake cin rana, ya ɗaga labulen rumfar don ya tambaya ko akwai sauran abincin jiya. Ya dubi tukunya, ya dubi hannunta, ya dubi mu da muka zagaye ta. Ya saki labule, muka ji tashin mashin.

Taubashina dariya ya yi, ya ce ta jefa lido.

Washegari Adda ta yi girkinta kamar kullum, benci ya wuni babu kowa. Kafin mako ya ƙare labari ya game kartiye cewa ashe asiri take sa wa a miya, shi ya sa mutane ba sa iya wuce rumfarta. Waɗanda suka shekara suna lashe kwanonta suka fara tuna ciwon cikin da suka taɓa yi. A cocinsu ma, in ta zauna, sai matan su matsa. Ina wucewa da yamma na gan ta tana juye tuwo tukunya guda a bola, awaki suna rububi.

Muka ɗauki littafin muka je wurin Modibbo, malamin da ke karantar da manya a zauren bayan masallaci, don in ya yi magana unguwa tana ji. Ya saurare mu da haƙuri, ya juya ɗan lido a tafin hannunsa, har ya yi murmushi.

"Na yarda wasa ne," ya ce. "Zan faɗa wa mutane baiwar Allah nan ba ta tsafi. Amma ku gaya mini, kashin jemagen nan, a kan wane tebur kuka zuba shi?"

Ya miƙo mana littafinmu.

Modibbo ya cika alkawari, maganar asiri ta lafa. Amma yanzu kowa ya san abin da aka yi ta shanyawa a inda yake ajiye kwanonsa. Adda ta jefar da tukunyar, ta kankare teburin da toka da ruwan zafi har katakon ya yi fari. Mutane suna gaishe ta daga nesa, su wuce rumfar gaba.

Sai ta yi wata dabara. Ta aiko mana cewa mu zo ranar aiki da tsakar rana. Muka tarar ta fito da teburin waje, bakin titi, daidai inda 'yan moto ke tsayawa a tsallake. Ta yi miyar folere da kifi sabo, irin wadda ƙamshinta ke tsayar da mai tafiya.

"Ƙannena," ta ce a hankali, "ku ci kawai su gani. Ku Musulmi ne, 'yan unguwa ne. In kun ci, za su dawo."

Na wanke hannu na zauna. Ni da ake yi wa dariyar ƙyama, na ci har na nemi ƙari, don na san hannun da ya dafa. Sauran ma suka ci. 'Yan moto suna tsallake, duk idonsu a kanmu.

Taubashina ya gutsuri tuwo, ya tsoma a miya, ya kawo kusa da baki. Sai na ga idonsa ya sauka a kan katakon, daidai gefen da ya saba zama. Hancinsa ya motsa. Ya mayar da lomar cikin kwano, ya ture shi gaba da bayan hannu.

"Adda, ki yi haƙuri," ya ce, da muryar da ta isa tsallaken titi. "Wallahi a kan teburin nan ba zan iya ba."

Ta daɗe tana kallonsa. Ba ta zage shi ba, ni ne na zage shi, zagin da ya wuce wasan taubasai. Ita kwanon ta ɗauka ta shiga ciki. A ƙarshen watan ta ɗaure tukwanenta a bayan motar da ke zuwa Tuboro, inda wanta ke noman auduga. Teburin ta bar shi a bakin titi, kuma ya daɗe a nan kafin a sami wanda ya yarda ya ɗauka.