Ranar da Aka Share Sharar Turawa

Ko zan manta da ranar da aka miƙa mini takardar ritaya, ba na jin zan manta da ranar da muka karɓi babban baƙo a Sabon Gari. Ku da kuka shigo aikin nan daga baya kuna ganin tsohuwar kwalbar gyaɗa a kan teburina kuna dariya, to yau ku ji inda ta fito.

Lokacin ina babban ma'aikacin fili a sashenmu na binciken kufai na jami'a a Samaru. Sunan ne dai babba. Aikin shi ne in ɗauki awo, in riƙe cokalin gini da rariya, in kuma hana ɗalibai tona rami kamar masu farautar gafiya. Ga wanda bai san sana'ar ba, ƙa'idarmu guda ce: abin da ka tono ba shi da daraja sai an san zurfin da ya fito da abin da ke kwance kusa da shi. Kwalbar da aka san mazauninta a cikin ƙasa shaida ce. Wadda ba a sani ba kuwa kwalba ce kawai, sai a zuba mata manja.

A shekarar muna da wata ɗaliba mai digiri na biyu, Rifkatu, yarinya mai naci. Ita ta ce tana so ta san abin da Turawan reluwe na zamanin mulkin mallaka suka ci, suka sha, suka jefar. Aka yi mata dariya a sashe, wai kowa na neman tarihin kakanninsa ita tana neman jujin kakannin wasu. Ta yi ta yawo a Sabon Gari har ta dace da Mama Asabe, wata dattijuwa da gidanta ke bayan tsoffin gidajen Turawan. Mahaifin Mama kukunsu ne a da, kuma ita da kanta ta nuna mana kusurwar tsakar gida inda yake zubar musu da shara.

Rani guda cur muka yi a ramin nan, ni da Rifkatu. Muna kankare ƙasa hawa hawa, muna tankaɗewa. Abin da ya fito ya isa a ba da labari: kwalaben barasa kore masu kusurwa huɗu, kwalaben maganin zazzaɓi, gwangwanayen kifi, fasassun tangaran masu zanen fure, karyayyun lofen shan taba, har da buroshin haƙori na ƙashi. Mutanen da suka zo koya mana kamun kai, sai ga kwalbar tawada ɗaya tilo a tsakiyar tulin kwalaben giya. Ni dai na ci gaba da tankaɗe.

Rifkatu ta aika hotuna ga wani Farfesa a Ingila wanda ya ƙarar da rayuwarsa a kan tarkacen mutanensu. Ya amsa cewa zai biyo ta Zariya, kuma in kayan sun kai yadda hoto ya nuna, zai ɗauke ta ta yi digiri na uku a wurinsa. Ranar da saƙon ya iso, yarinyar nan zama ta yi a bakin rami tana kuka tana dariya. Ni ma na ji daɗi har raina, don na san irin ranar da ta sha.

Sai shugaban sashe ya ji labari. Wannan bawan Allah, tun da muka fara tono takalminsa bai taɓa ƙasar wurin ba, amma nan take aikin ya zama "aikinmu". Aka kafa kwamitin tarba, aka kafa ƙaramin kwamitin lemo.

Ana gobe baƙo zai zo, ranar Laraba ce, mun wanke kayan mun shanya su a rumfar Mama. Tsarin shi ne kowane hawa na ƙasa da faifansa, sai sun bushe sarai a bi su ɗaya bayan ɗaya a rubuta musu lamba da tawada. Kafin a rubuta lambar nan, faifan shi ne kaɗai abin da ke riƙe da tarihinsu. Muna cikin haka sai ga motar shugaba. Ya shigo yana ɗage babbar riga, ya dubi tsatsa da fasassun kwanuka, ya yamutsa fuska, ya kira Mama gefe ya ce mata gobe babban mutum zai zo daga ƙasar Turawa, a gyara wurin nan tas, kada a ba mu kunya. Sannan ya ce mu biyu mu shiga mota, ana jiranmu a taron kwamiti.

Na ce, "Ranka ya daɗe, kayan nan ba a sa musu lamba ba tukuna."

Ya ce kayan ba su da ƙafa, ba inda za su. Muka wuni a Samaru ana gardama a kan wa zai zauna a dama da baƙo.

Kada ku ga laifin Mama. Rani guda tana korar awaki da jikoki daga rumfar nan saboda na roƙe ta. Amma yau ga mai babbar riga da direba ya ba da umarni, maganar wa za ta ɗauka, tasa ko ta mai rariya? Ga shi kuma a tarbiyyarta ba abin da ya kai baƙo ya tarar da shara a gidanka muni. Sai ta aika aka kira mata matan zumunta na cocinsu. Wanda ya san matan zumunta ya san in suka sa hannu a aiki ba sa barin saura.

Da safiyar Alhamis muka iso a jere, motar baƙo a gaba. Tun daga ƙofar gida na ga an yayyafa ruwa an share har titi. Muka shiga. Ban taɓa ganin tsakar gida mai kyau irin wannan ba. Ga rumfar haya, ga kujeru da farin ƙyalle, ga mata cikin anko suna waƙar maraba suna buga tukwane. Faya-fayan kuwa an wanke su an jingine a bango, sai ƙyalli suke yi.

Aka zaunar da baƙo a kujerar tsakiya. Dattijo ne mai sanyin magana, wandonsa duk aljihu. Ya saurari jawabin shugaba har ƙarshe, abin da mu ma'aikatansa ba mu taɓa iyawa ba, sannan ya tambaya a hankali ko yanzu zai iya ganin ramin.

Mama ta matso da fara'arta ta ce a gaya masa a kansa yake zaune.

Matan sun cike shi. Fasassun tangaran da lofe da maɓallai, duk an juye su ciki a cakuɗe, aka bi da ƙasa, aka daddaɓe. Gwangwanaye an ba mai kurar gwangwan da ya wuce da yamma. Kwalaben da ba su fashe ba kuwa Mama ta ga asara ce a binne, ta ba maƙwabciyarta Iya Bose mai soya gyaɗa. Ita kuma Iya Bose, don ta nuna godiya, ta zaɓi wadda ta fi kyau ta cika ta da gyaɗa ta kawo wa baƙo. Ga ta nan a gabansa a kan tebur.

Baturen ya ɗauki kwalbar, ya juya gindinta, ya shafa da yatsa. Shugaba ya ga dama ta samu, ya ce wannan ya nuna yadda al'ummarmu ke raya kayan tarihi. Na dubi Rifkatu. Tana tsaye riƙe da 'yar kwalbar tawadar da ta zo da ita don rubuta lamba, ta ƙura wa ƙafar kujerar baƙo ido.

Daga baya ya ja ta gefe, ina tsaye kusa. Ya yi mata magana da mutunci, ya ce hotunan sun yi kyau, amma ita ma ta san ba zai iya gina digiri a kan kayan da ba a san mazauninsu ba. Ta ce ta sani.

Mama ta lura fuskoki sun canza, ta tambaye ni ko abincin ne bai yi ba. Da na yi mata bayani sai ta zauna a kan turmi, ta ce, "Ishaya, babana ya kwashe sharar mutanen nan har ya tsufa, ba wanda ya taɓa zuwa ya tambayi sunansa. Ni ina zan san sharar ce za a hau jirgi a zo gani?"

Rifkatu ce ta durƙusa ta riƙe hannunta ta ce, "Mama, ba laifinki. Gidan ya yi kyau sosai." Sai da ta fita waje ta bayan mota sannan ta yi kukanta.

Mun sake buɗe ramin a makon da ya biyo, muka tarar da na sama a ƙasa, na ƙasa a sama, sannan ruwan farko ya sauka ya ƙarasa aikin. Rahoton da shugaba ya aika sama ya ce ziyara ta yi nasara, baƙo ya yaba da tsaftar wurin. Ba ƙarya ya yi ba, baƙon ya yaba. A shekarar aka ba shugaba lambar yabo. Rifkatu ta gama digirinta da ƙyar a kan ɗan abin da hotuna suka riƙe, yanzu tana koyarwa a wata sakandare a Dogarawa. Baturen ya bar kwalbar, ya ce tata ce. Ita kuma ta ce ba ta son ganinta, shi ya sa take teburina.

Abin da na koya shi ne, a sana'ar nan ruwan sama da gara da ɓarayi duk ana iya yi musu dabara. Wanda ba ka da maganinsa shi ne babba mai jin kunyar baƙo. Don haka ku rubuta lamba tun kayan na da ɗan danshi, in tawadar ta baje ku sake. In kuwa kuka ji an ce manya za su zo a gyara wuri, ku bar taron, ku je ku zauna a bakin raminku. Kwalbar nan ta yi gomman shekaru a cikin juji ba abin da ya same ta, sai ranar da muka tashi karrama ta.