Fitilar Saman Ɗanlarai

Shagon ɗinkina a Wunti yana manne da na Ɗanlarai. Bango ɗaya ne tsakaninmu, shi ma na langa-langa, saboda haka babu ƙaryar da ya taɓa shirga wa mutum a shagon nan da ba ta faɗo kunnena ba. Na san shi tun yana yawo da gajeren wando. Uwarsu ta rasu yana ƙarami, yayarsa Adda Kubura ce ta goya shi, ta yi masa wanka da wanki, ta kai shi makaranta ya gudo, ta mayar da shi ya sake gudowa. Ko da aka yi mata aure a Gwallaga da shi ta tare, sai ka ce yana cikin kayan ɗaki.

Sana'a kuwa babu wadda bai taɓa ba, babu kuma wadda ta shekara a hannunsa. Ya sayar da turaren da ƙamshinsa ke gudu kafin ka kai bakin titi. Ya buɗe wurin cajin waya, ya ƙona wayoyin rabin layinmu. Ya ja keken haya har ranar da ya kifar da wata mai tumatir a cikin kwata. Abu ɗaya ne bai taɓa ƙare masa ba, shi ne baki. Idan Ɗanlarai ya zaunar da kai, sai ya sayar maka da hular da ke kanka, ka tashi kana yi masa godiya.

Wani hunturu ya faɗo shagona ko sallama babu, ya danna min waya a fuska. Bidiyo ne na wasu Turawa zaune cikin ruwa mai tururi, ƙanƙara ta kewaye su, can sama kuma wani haske kore yana kaɗawa kamar an shanya mayafi a iska.

"Malam Mika'ilu, ka ga wannan? Mutane jirgi suke hawa su je kallo. Da yamma ake kwasarsu a mota, a kai su wanka, a ba su shayi, su ɗaga kai sama. Shi ke nan fa sana'ar!"

Na ce, "To, Allah ya ba su lafiya. Matsa min daga haske, ina saka zare."

"Ba ka gane ba. Mu ma muna da shi."

Ruwan ɗumi dai kowa a Bauchi ya san na Wikki, amma can akwai nisa, akwai kuma masu wurin, ba za a bar irin su Ɗanlarai su kafa rumfa ba. Shi wani idon ruwa ya tuna, a gindin dutse cikin gonarsu ta gado, can bayan Tirwun. Ɗan tafki ne da bai wuce ƙugun mutum ba. Ɗuminsa kuwa irin na ruwan rijiya ne da sanyi, wanda duk mai alwalar asuba ya sani tun yana yaro. Hasken sama kuma bai sha wahalar nemansa ba. A wannan lokaci masu farautar gafiya suna cinna wa daji wuta kusan kowace yamma, idan duhu ya shiga sai ka ga bayan dutse ya yi jawur. Wannan ja shi Ɗanlarai ya raɗa wa suna Fitilar Sama.

Gonar kuwa Adda Kubura ke noma ta tun rasuwar mijinta. Dawar da take samu a nan ita ce tuwon gidanta da marayunta har wata damina, ba ta da wani abin dogaro bayan ita. A shekarar ta yanke dawa, an ɗaure dammuna an tara su a ƙarshen gona, tana neman motar da za ta kwaso mata. A gabana ya roƙe ta wurin, ya ce har ya samo motar kwasar baƙi.

Ta ce, "Ruwa na Allah ne, ku yi wankanku. Amma dawata tana gona, Ɗanlarai. Ko ashana kada a ƙyasta min a wurin. Kuma tun da ka samu mota, ka kwaso min ita gida."

"Adda, gobe-goben nan. Ki ɗauka tana cikin ɗakinki."

Hayar bas ya ɗauko, wani direba Sabitu ke ja. Ɗanlarai ya sa na ɗinka masa riga mai walƙiya irin ta masu gyaran titi, ya sayi usur ya rataya a wuya. Ya kafa zana a gefen tafkin domin mata su tsoma ƙafa ba a gan su ba. Shayi a fulas yake kai shi, da citta da yawa, saboda ko ruwan bai ɗumama mutum ba shayin ya ɗumama shi. Na rantse na ce babu mai hankalin da zai je. Ashe ban san mutanen garin nan ba. Ma'aikatan ofis da 'yan kasuwa masu manyan wayoyi suka riƙa cika bas, mutanen da kakanninsu suka tsufa suna kallon wutar daji kyauta daga ƙofar gida. Kowannensu ya san wutar daji ce. Hoto suke so, su tura wa abokai a ce su ma sun je wani wuri.

Idan wani ya ce ai na Turawa kore ne, amsar tana bakinsa. "Nasu ƙanƙara ce ta sanyaya shi, ranka ya daɗe. Namu rana ta gasa sama, dole ya yi ja." Sai a kwashe da dariya, a ƙara masa wani abu.

Ita kuwa dawa tana nan inda take. Kowane mako Adda Kubura sai ta biyo ta shagonsa, kowane mako da dalilinsa. Yau an wanke bas, ƙaiƙayi zai ɓata kujeru. Gobe manyan baƙi ne, ba za a haɗa su da dammuna ba. Da ta ce za ta nemi wata motar, sai ya nuna ya ji haushi, wai za ta kunyata shi a gari, ƙaninta na da mota tana haya. Ta haƙura ta koma. Wannan haƙurin nata shi ne ya fi ba ni takaici.

Sai wata yamma masu farauta ba su fito ba. Baƙi suka jiƙe, suka sha shayi, suka ɗaga kai har wuya ya gaji, babu abin da ke sama sai taurari. Wata Madam Juliana, wadda ta kwaso abokan aikinta a ranar, ta wanke shi tas a gaban jama'a, ta ce za ta dawo ranar Asabar, idan babu haske to duk ofisoshin garin nan sai sun ji labarinsa. Washegari na ji shi ta bango yana ƙus-ƙus da wani mafarauci mai suna Bakari. Ban ji duka ba, keken ɗinkina yana ƙara. Da na tambaye shi sai ya ce naman daji yake saye.

Ranar Asabar ya matsa sai na bi su, wai in ga rigar da na ɗinka tana aiki. Mun isa rana na faɗuwa. Muka yi magariba a kan dutse, maza suka shiga ruwa da gajerun wanduna suna karkarwa, kowa na cewa kai, akwai ɗumi, haƙoransa na kaɗawa. Mata suna bayan zana suna hira. Ɗanlarai yana zagaye da fulas, yana hura usur ba gaira ba dalili. Da duhu ya fara shiga na ga ya koma gefe ya danna waya, ya mayar aljihu.

Ba a jima ba bayan dutse ya yi ja. Aka yi tafi. Iska kuwa tun la'asar take kaɗawa, a daidai lokacin ta juyo ta gefen gona. Jan ya ƙaru, ya hau sama, ya zama ruwan lemo, tartsatsi na tashi kamar an watsa gero. Ban taɓa ganin sama ta yi haka ba, kuma ba zan yi ƙarya ba, abin ya yi kyau. Mutane suka fito daga ruwa da tawul a kafaɗa, wayoyi a sama. Madam Juliana tana cewa, "Oga Ɗanlarai, yau kam ka fita kunya! Wutan nan ya yi kyau!"

Sai ƙauri ya iso hancina. Ni ɗan manomi ne, na san ƙaurin ciyawa, na kuma san na hatsi. Wannan irin na tuwon da ya kama a tukunya ne. Na kama hannun rigarsa.

"Ɗanlarai, wannan ba ciyawa ba ce. Dawar Adda ce ke ci."

Ya kalle ni, na kuma ga a idonsa cewa ya riga ni sani. Ya sunkuyo kusa da kunnena.

"Malam Mika'ilu, don Allah rufa min asiri. Bari su gama hoton."

Sannan ya juya ya hura usur, ya ce, "Jama'a, ku matso nan gefen, ta nan ya fi fitowa!"

Ni da Sabitu direba muka karya rassa muka ruga. Wani baƙo, Malam Jesse, ya biyo mu da jiƙaƙƙen tawul, Allah ya saka masa. Amma wutar da ta kama busassun dammuna ba reshe ke kashe ta ba. Muna tsaye zafi na korar mu baya, noman shekara guda ya zube ya zama garwashi. Bakari da ya cinna wutar ya cika wandonsa da iska tuntuni. Ɗanlarai ne ya iso a ƙarshe, bayan ya tabbatar kowa ya hau bas, yana salati da ƙarfi don a ji.

Da safe na raka Adda Kubura gonar. Ba ta yi kuka ba, ni ne ma hawaye suka zo min. Ta durƙusa ta ɗebi baƙin hatsi a tafin hannu, ta murza, ya zama toka. Ɗanlarai yana gefe yana bayanin iska, wai ba a taɓa ganin ta juya haka ba, ƙaddara ce.

Ta kaɗe hannunta ta ce, "To, ka huta da kwasa."

Kuna tsammanin ya ji kunya ya rufe shago? Mako bai zagayo ba ya karɓi hoton daren daga wayar Madam Juliana, ya kai aka buga masa a ƙaton ƙyalle, ya rataya a saman ƙofarsa: sama jawur, tartsatsi na tashi, mutane da tawul suna murna. Ciniki ya ƙaru. Ya ce zai riƙa kai wa Adda buhu duk wata, ya kai rabin buhu sau ɗaya, sauran yana nan cikin gobe-gobensa. Ita kuwa ta koma awo a kasuwar Wunti, mudu-mudu, da abin da take samu a wankau. Hanyarta ta ƙarƙashin ƙyallen nan take bi, da kwano a kai.

Rannan tana wucewa ya tsayar da wani saurayi mai jakar ofis, yana nuna masa hoton da sanda. Bai lura da ita ba.

"Ka ga wannan daren? Tun da na fara ba a taɓa yin irinsa ba."

Saurayin ya ce, "Idan na zo wannan Asabar ɗin zan samu kamarsa?"

Kafin Ɗanlarai ya buɗe baki, Adda Kubura ta tsaya, ta ɗaga kai ta kalli ƙyallen.

Ta ce, "Sai baɗi, ɗana, in na sake nomawa."

Ta gyara kwanonta ta nufi Gwallaga. Saurayin bai gane ba, ya ce a ajiye masa kujera kusa da taga.