Babana a Fim ɗin Taubashina

Na daɗe ina ɗaukar bidiyon biki a Jega kafin taubashina, ɗan gwaggona na Maiyama, ya taɓa riƙe kyamara. Ni na nuna masa inda ake dannawa. Ina faɗin wannan tun da wuri ne, don na lura in ana hira da shi yanzu, mantuwa kan kama shi daidai wurin.

Yana karatu a jami'ar Aliero ya tsinci labarin wani daraktan fim ɗan Venezuela, ya zo shagona ya ishe ni da shi. Wai mutumin da kyamarar aro ya fara, yana ɗaukar maƙwabtansa cikin kayan aikinsu, babu kwalliya, har duniya ta san da zamansa.

Na ce, "Kai taubashi, Venezuelar ga gaba da Maiyama take ko baya? Mu nan, wanda duk kaɗ ɗauka bai yi wanka ba, ƙara shika kai ka."

Ya yi dariya ya ce in jira in gani.

Ni dai gaskiya na faɗa. A wurinmu ba a tsayawa gaban kyamara haka siddan. Sai an yi wanka, an zuba babbar riga, an karya hula, har da turare, sai ka ce kyamara na jin ƙamshi. Sannan mutum ya zauna, ya ɗora hannuwa kan gwiwa, ya ɗaure fuska. Haka nake ɗaukar babana duk Sallah. Manomin albasa ne a Aliero, amma a bidiyona sai ka rantse alƙali ne, kuma ina alfahari da hakan.

Wata bazara wani ɗan kabu-kabu ya tsegunta mini cewa taubashina ya yi kwana uku yana bin Baba da kyamara a wurin rudu, rumfar da muke shanya albasa a kai don kada ta ruɓe. Na rufe shago na hau babur. Na tarar da tsohon a durƙushe cikin wata yagaggiyar taguwa, ƙafa duk ƙasa, shi kuwa gogan ya kafa masa kyamara.

Na ce, "Haka za ka nuna ma duniya kawunka? Don ba ubanka na ba?"

Baba bai ko ɗago kai ba. Ya ce, "Bar shi mana. Ni aikina nika yi, shi ma nashi shika yi."

Fim ɗin ya fita, ya yi tafiyar da ban taɓa yi ba. Aka nuna shi a birane, daga baya har a ƙasar daraktan nan da na yi wa ba'a. A kasuwar Jega mahauta suka fara kiran taubashina Darakta, ni kuwa ina nan a mai bidiyo. Abin ya ci ni ƙwarai. Na ƙi kallon fim ɗin, duk wanda ya yabe shi a gabana sai na samo masa aibi, alhali ban gani ba. Matata ta gaji ta ce hassada ga mai rabo taki ce. Na yini ban yi mata magana ba.

Bara Allah ya yi wa Baba rasuwa. Bayan sadakar bakwai, mutane sun watse, Inna tana takaba ta kira ni ɗakinta ta ce tana son ganinsa. Na ji daɗi, domin wannan kam fagena ne. Na kunna mata bidiyoyinsa na Sallah ɗaya bayan ɗaya. Ta kalla kamar mai kallon baƙo.

Can ta ce, "Sun yi kyau, Allah shi yi ma albarka. To ina wanda ɗan gwaggonku yaɗ ɗauka?"

Dole na buga masa waya. Bai tsokane ni ba, wannan ma ya ƙara ɓata mini rai. Ya turo kawai.

Ga Baba nan. Ya ɗauki albasa, ya danna wuyanta da babban yatsa, ya sansana, ya jefar da ita gefe yana yi mata faɗa kamar tana ji. Ya share gumi da bakin taguwa. Wani ya yi magana daga nesa, ya kwashe da dariyar nan tasa mai ƙarewa da tari. Duk shekarun da na yi ina ɗaukarsa, ko sau ɗaya ban kama dariyar ba, domin ni da kaina nake ce masa ya natsu.

Inna ta kai hannu ta taɓa fuskar wayar. Ta ce, "Shi na wanga. Maido min daga farko."

Hawaye nake yi, kishi kuma bai sake ni ba ko a lokacin. Ni ne ɗan da ya haifa, ni na fi kowa ɗaukarsa, amma aikin da ya rage mini a ɗakin shi ne riƙe mata wayar. Na mayar mata daga farko.