Lambata a Jikin Goɗiya

Ina layin sayen kofi a Melbourne wayata ta yi ƙara. Wani mutum ne, yana haki.

"Kai ne mai jar goɗiya mai farin goshi?"

"Malam, ko keke ba ni da shi."

"To lambarka ce a jikinta da farin fenti. A bakin titi na tsince ta, wutsiyarta duk ta babbake."

Nan na gane goɗiyar gidanmu ce. A kwarinmu, in wutar daji ta matso, buɗe wa dawaki ƙofa ake yi, a rubuta lambar waya a jikinsu don wanda ya tsince su ya kira mai su. Kowa tasa yake rubutawa. Noeleen kuwa ba ta taɓa manta lambarta ba. In ta rubuta tawa, to ba ta sa ran ɗaga tata wayar ba ne.

Noeleen Pascoe matar babana ce. Ina firamare ta shigo gidanmu, da akwati ɗaya da kare mai ido ɗaya. Da safe ta tuƙa motar makaranta, da rana ta yi wa tumaki aski, in gobara ta tashi ta sa hular kwano ta bi 'yan sa-kai. Da babana ya rasu, maƙwabta suka zuba ido su ga ranar da za ta kore ni ta riƙe gona. Ta kore ni ɗin kuwa, zuwa jami'a, har da bargo da soyayyen naman rago a roba.

A kan matar uba a fim na rubuta kundin digirina. Iri biyu na samu. A fina-finan da ake kallo da yara, tana zuba guba a abinci. A na batsa, ba ta da sana'a sai bin ɗan miji ɗaki-ɗaki da ɗaurin tawul. Abokaina suka samu abin tsokana.

"Declan, yaushe za ka nuna mana taka?"

Na nuna musu hotonta: takalmin roba har gwiwa, ɗan rago a hammata, tana harara. Ba su sake tambaya ba.

Ita ma ta karanta kundin lokacin Kirsimeti, a baranda, da tabaronta mai ɗaurin waya.

"Farfesa, to ni wacce ce a ciki?"

"Babu ke, Noeleen."

"Duk shekarun nan kana karatu, babu ni? Guba dai ɓarnar kuɗi ce, girkina ya isa. Ita kuma mai tawul ɗin, wa ke ba tumakinta ruwa?"

Malamaina sun yaba. Sun ce na fahimci matar uba ƙwarai.

Yanzu ina filin ƙwallon garinmu, inda aka tara waɗanda suka gudo. 'Yan sanda sun rufe hanyar kwarin. Matar da ke karɓar mutane ta tambaye ni wace ce Noeleen a wurina. Na ce matar babana ce. Ta ce, "Au, to da sauƙi," ta miƙo mini ruwa.

Tsohuwa Beryl, maƙwabciyarmu, ita ce ta gan ta ƙarshe. Ta ce ta ga Noeleen tana yanke wayar shingen wasu da suka tafi hutu suka bar dawakinsu a kulle, gwangwanin fenti a hannu, tana zagin iska.

"Ba ta ce komai ba?"

"Ta bar maka saƙo, yaro. Wai in ka zo kada ka ba Mabel tuffa, kumbura mata ciki take yi."

Mabel ita ce goɗiyar. An kawo ta ɗazu, na ɗaure ta a ƙarfen raga. Lambata na nan ɓaro-ɓaro daga kafaɗarta har cinya, ta ƙarshen ta ɗan zubo.

An ce masu kashe gobara za su shiga kwarin in iska ta juya. Ba ta juya ba tukuna. Wayar Noeleen ba ta shiga, kuma har yanzu ba wanda ya gan ta.