Fuskar da Ake Gwada Fitila a Kanta

Sana'ar Hazel Tranter tsayuwa ce. A sitidiyon da ke bayan garin Landan, kafin tauraruwar fim ta fito daga ɗakin kwalliya, sai an sami wata mai tsawonta da launin gashinta ta tsaya a gurbinta, a yi ta gwada fitilu a fuskarta. Da mataimakin darakta ya ce, "An shirya," sai ta fice, mai wuri ta shigo. Hazel ta fara tun tana budurwa, kuma ta iya: ba motsi, ba surutu, zafin fitila ba ya sa ta ƙifta ido.

A nan ta san Desmond Pilbeam, ɗan wani mai gyaran agogo, lokacin yana ɗura fim a kamara yana haɗa wa manya shayi. A hankali ya hau har ya zama shi ke tsara haske da ɗaukar hoto. Magana tsada take masa, amma duk fim ɗin da ya samu sai ya ce a kira masa Hazel.

"Ɗaga haɓa," in ji shi. "Ba haka ba, sai ka ce mai leƙen gidan maƙwabta."

"Kai dai kunna fitilarka, Des. Ƙafafun nan ba na aro ba ne."

Haka suka yi ta yi har gashinta ya fara fari, taurarin da take tsaya wa suka koma fitowa a iyaye mata. Abu ɗaya ke cin ranta, ba ta kuma ɓoye shi: a gan ta a fim ko sau ɗaya kafin ƙafafun su ƙi.

Da Desmond ya fara shirya fim na kansa, ya ɗauko wani darakta, ita kuma ya ajiye mata wani ɗan wuri. Za ta fito a mace mai jiran ɗanta a tashar jirgin ƙasa, jirgi ya zo ya tafi babu shi. Ko kalma ba za ta ce ba.

Ranar ɗauka ta tsaya aka gyara haske. Mataimakin darakta ya ce, "An shirya," sai Hazel ta juya ta nufi teburin shayi. Aka yi dariya, ita ma ta yi. Aka dawo da ita. Wannan karon ta tsaya, amma ana buga allon fara ɗauka a gaban hancinta fuskar ta ƙage, ido ya shiga ƙiftawa. Aka sake, aka sake. Darakta ya ja Desmond gefe ya ce a nemo wata, kuma ta ji shi.

"Shi ke nan, gobe wata za ta zo," Desmond ya ce mata. "Amma tunda kina nan, tsaya mini in gyara mata haske."

Ta tsaya, don abin da ta sani ke nan. Ta kafa ido inda ba kowa, cike da baƙin ciki. Desmond kuwa ya yi wa mai riƙe da kamara alama da yatsa, ba allo, ba sanarwa.

Ba wanda ya gaya mata. Sai ranar da aka haska wa ma'aikata fim ɗin ta ga wata tsohuwa a tasha ta cika allon majigi, ta ɗan jima tana tausayinta kafin ta gane rigar.

Da aka tashi ta tare shi a bakin ƙofa.

"Ka cuce ni, Des. Ranar nan kuka nake haɗiyewa."

"Na gani. Shi na ɗauka."

Ta gyara jakarta a kafaɗa. Daɗi take ji, kuma haushi take ji.

"Duk shekarun nan kana kallon fuskar nan," ta ce, "ba ka taɓa gaya mini ta tsufa ba."

"Ban lura ba," ya ce, kuma da gaske yake.