Wasiƙun da Aka Ɗinke da Zaren Takalmi

Inna lillahi wa inna ilaihi raji'un. Ranar Laraba, tara ga Nuwamba 1911, bayan azahar, Allah Ya karɓi ran Gilmetdin abzi, wato babban yaya a harshenmu, marubuci kuma editan jaridarmu a nan Kazan, ƙasar Rasha. Labarin ya same ni a shagonmu na ɗinkin takalma, da basilla a hannuna.

Abzi, masana za su jera littattafanka. Ni karatuna bai wuce makarantar masallacin unguwa ba. Abin da na sani, ka rubuta mana jarida da harshenmu na Tatarci, irin wanda ake ciniki da shi a Kasuwar Ciyawa. Kowane rubutu sai ka karanta wa uwargidanka Mahruy apa, wato babbar yaya, a gaban tukunyar shayi. In ta ce, "Me yake nufi?" sai ka soke layin, ko na babban malami ne.

Ga abin da na kasa faɗa maka. Wasiƙun nan na "Tsoho Mai Gemun Akuya" da kake bugawa a jarida, ni ne mai rubuta su. Shekara biyu ina aiko su don tsokana kawai. Na taɓa rubuta cewa sharhinka ya warkar da ni daga rashin barci. Ka buga, ka ƙara a ƙasa: "Allah Ya ƙara wa Tsoho lafiya, na mako mai zuwa ya fi tsawo."

Sai na yi wadda ta taɓa wani babban ɗan sanda mai ɗanɗana zumar 'yan kasuwa har ya ƙoshi. 'Yan sanda suka zo neman sunan marubucin. Ka ce, "Ni na buga, ni za ku tambaya." Kwana arba'in ka yi a tsare cikin hunturun bara, ka fito da tarin da bai sake ka ba.

Sau uku na zo gidanka in tona kaina. Duk zuwa sai ka ce, "Zauna, ja'iri, sha shayi. Duba mini dunduniyar takalmin nan." In duba takalmi, in tafi da maganata a ciki.

Ranar sadakar bakwai Mahruy apa ta kira ni gefe, ta miƙo mini ƙunshi. Wasiƙuna ne, ba wadda ta ɓace.

Na ce, "Apa, ya sani?"

Ta ce, "Kai dai sakarai ne. Wa ke ɗinke bakin wasiƙa da zare mai kakin zuma in ba baduku ba? Tun ta farko ya gwada ɗinkin da na takalmin ƙafarsa, ya yi ta dariya har shayinsa ya huce."

Na ce ashe ni na kashe shi.

"Kar ka ba kanka girman da ba naka ba, ajali ne. Ya ce in gaya maka, ɗinkinka ya fi rubutunka, amma rubutun na tafe. Ran da ka sa sunanka a ƙasa, ka iso."

Allah Ya jiƙanka, abzi, Ya haskaka kabarinka, Ya sa kwana arba'in ɗin nan su tsaya maka ranar hisabi. Allah Ya ba Mahruy apa da 'ya'yanku haƙuri, ni kuma Ya yafe mini shiruna.

In ɗan sandan yana karantawa, shagon yana bayan masallacin kasuwa, ƙofa ta uku.

Nurulla ɗan Safiulla, baduku.